Yadda Ake Haɗa Fim ɗin Bincike Kan Ɓarnar da ke Bayan Kayan da Ake Fitarwa Waje

Kayan da ake lodawa a kwantena a tura Chana ko Turai, akwai kuɗin da ba ya fitowa a rasiɗinsu. Wani ya riga ya biya shi tun a inda kayan suka taso, da lafiyarsa, ko ruwan shansa, ko sana'ar da ya gada. Aikin fim ɗin bincike shi ne ya nuna wanda ya biya, sannan ya bi kayan daga hannu zuwa hannu har ya kai ga wanda ribar ta ƙare a aljihunsa. Samun mai wahala ba shi da wuya. Inda sababbin shiga ke faɗuwa shi ne tsakiya: su ɗauko hawaye a ƙauye, su ɗauko hoton kanti mai ƙyalli daga intanet, su manna su wuri ɗaya, alhali babu hujja ko ɗaya da ta nuna wannan buhun ne ya zama wancan kwalin. Irin wannan fim, lauyan kamfani da wasiƙa ɗaya zai rushe shi. Shi ya sa yawancin maganata a nan kan tsakiyar ce.

Zan riƙa buga misali da fatar jaki. A Chana ana dafa ta a fitar da wani danƙo da ake kira ejiao, a sayar a matsayin maganin ƙarin jini da gyaran jiki, kuma cibiyar sana'ar tana lardin Shandong. Jakunan Chana sun ragu daga wajen miliyan 11 a farkon shekarun 1990 zuwa ƙasa da miliyan 2, sai masu saye suka juyo Afirka. Jaka kuwa kusan shekara guda take yi da ciki, ta haifi ɗa ɗaya, don haka yanka ya fi haihuwa gudu. Nijar ta hana fitar da jakuna a 2016, bayan da gwamnati ta ce an fitar da 80,000 a shekarar, alhali 27,000 aka fitar a 2015. A Fabrairun 2024 Tarayyar Afirka ta amince da hana yanka jakuna saboda fatarsu. Hanyar da zan nuna maka tana aiki a kan riɗi, zoɓo, ƙaro, koko ko zinare.

Kayan aiki

Kyamara. Ƙarama marar jan ido ta fi babba. Idan ba ka da ita, waya mai kyau ta isa, ka kwantar da ita a kwance, ka goge gilashinta kafin kowace ɗauka. Saita ta a kan hoto 25 a daƙiƙa, saboda wutar lantarkin Najeriya da Nijar bugu 50 take yi, kuma idan ka bar ta a kan 30 za ka ga hasken ƙwan fitila yana rawa a hotonka.

Sauti. Nan za ka fi kashe kuɗi idan kuɗin kaɗan ne. Mai kallo yana haƙuri da hoto mai hazo, amma ba ya haƙuri da maganar da bai ji. Ka samu makirfon da ake maƙalawa a wuyan riga, da ƙaramar rakoda irin Zoom H1n, da soson tare iska, da hedifon. Idan babu rakoda, ka jona makirfon da wata waya ta biyu ka sa a aljihun mai magana, ka tafa hannu sau ɗaya a gaban kyamara don ka samu wurin daidaita sauti da hoto daga baya.

Sauran su ne ƙafar kyamara, batura aƙalla uku, fawa bank, memori da yawa ƙanana maimakon babba guda ɗaya, rumbun ajiya biyu, buroshi da ƙyalle saboda ƙurar hunturu, littafi da biro, takunkumi da takalmin roba idan za ka shiga mayanka. A kwamfuta ka sa DaVinci Resolve, manhajar tace bidiyo, kyauta ce. Idan kwamfutarka ba ta da ƙarfi, Shotcut ko Kdenlive za su yi. Ka sa Signal don magana da majiyoyi, da VeraCrypt don kulle rumbun ajiya.

Mutane ma kayan aiki ne. Kana bukatar ɗan gari da ake ganin mutuncinsa, da lauyan da zai kalli fim kafin ya fita, da mutum ɗaya a gida wanda ya san inda kake kullum.

1. Ka zaɓi kaya ɗaya, ka rubuta zarginka a jimla ɗaya

"Yadda Turawa ke cutar Afirka" ba batun fim ba ne, hirar majalisa ce. Ka rubuta abin da za a iya tabbatarwa ko a ƙaryata, kamar haka: jakunan da ake saya a kasuwar kaza ana yanka su a wuri kaza, fatar tana fita ta tashar ruwa kaza duk da hani, kuma masu dakon yashi da ruwa a garin kaza sun kasa sayen jaki saboda haka. Ƙarƙashin jimlar ka rubuta mafi ƙarancin abin da za ka samu idan bincike bai kai inda kake so ba. Idan ƙaramin ma ya isa fim, ci gaba. Idan sai ka kama babban kamfani dumu-dumu sannan za a yi fim, to caca kake yi da kuɗinka.

Ka kuma auna ƙarfinka. Zinaren Zamfara labari ne babba: a 2010 gubar dalma daga dutsen da ake dakawa a cikin gidaje ta kashe yara sama da 400 a ƙauyukan Anka da Bukkuyum, irin su Bagega, Dareta da 'Yargalma. Amma hanyoyin can a hannun 'yan bindiga suke. Ba da shi ake koyon aiki ba.

2. Ka zana hanyar kayan a takarda

Ka samu babbar takarda, ka jera kowane hannu da kayan ke bi. A jaki, yawanci haka take: mai jaki a ƙauye, dillali a kasuwa irin Maigatari da ke ci ranar Alhamis, mai tara su, direban tirela, mayanka a kudu irin ta Ezzamgbo a jihar Ebonyi, masu fiɗa da barbaɗa gishiri, mai sito, wakilin da ke cike takardun kwastan, kamfanin jirgin ruwa, mai karɓa a can, masana'anta, kanti. Tsakanin kowane hannu biyu ka ja layi. Layin da kake da hujja a kansa ka ja shi da jan biro, wanda ji kawai ka yi ka bar shi da fensir. Aikinka gaba ɗaya shi ne mai da fensir ja. Wannan layi kamar igiyar guga yake, duk inda ya tsinke, ruwan ba ya zuwa hannu komai tsawon sauran.

A gefen kowane hannu ka bar gurbin farashi: nawa ya saya, nawa ya sayar, nawa ne la'ada. Waɗannan lambobin da kanka za ka tara su, kowanne daga bakin mutum biyu da ba su san juna ba.

3. Takardu kafin kyamara

Nan ne ake ɗaukar lokaci, kuma nan ne mutane ke gudu. Kada ka gudu.

Kowane kaya da ke tsallaka iyaka yana da lamba a tsarin kwastan na duniya, ana kiranta lambar HS. Zinare 7108, ƙwayar koko 1801, riɗi 1207.40, ƙaro 1301.20. Ɗanyar fatar jaki tana faɗawa ƙarƙashin 4101, tare da ƙiragan shanu da fatar dawaki, don haka lambar kaɗai ba za ta ware maka jaki ba. Ka riƙe wannan, domin da yawa suna ɗaukar jimlar 4101 su ce duk fatar jaki ce, kuma kuskure ɗaya irin wannan ya isa a zubar da duk fim ɗin.

Da lambar a hannu, ka shiga UN Comtrade ko Trade Map na ITC, shafukan da ke tara alƙaluman ciniki tsakanin ƙasashe. Ka duba abin da ƙasarku ta ce ta fitar zuwa wata ƙasa a shekara kaza, sannan ka juya ka duba abin da waccan ƙasar ta ce ta karɓa daga gare ku a shekarar. Idan mai karɓa ya rubuta ninkin abin da mai aikawa ya rubuta, akwai abin tambaya. Da irin wannan kwatance ƙungiyar SWISSAID ta ƙiyasta cewa aƙalla tan 435 na zinare ya fita daga Afirka ta ɓarauniyar hanya a 2022, mafi yawansa zuwa Haɗaɗɗiyar Daular Larabawa. Sai dai ka yi hattara. Ba kowane giɓi ne fasa-ƙwauri ba. Mai karɓa yakan haɗa da kuɗin jirgi da inshora a farashi, kayan Disamba kan isa a Janairu, kayan Nijar kuma ta tashoshin ruwan ƙasashe maƙwabta suke hawa jirgi, har wani lokaci a rubuta su da sunan Benin ko Togo. Giɓi yana nuna maka inda za ka haƙa ne kawai.

Don ka samu sunayen kamfanoni kana bukatar takardar lodin jirgi, wadda ke ɗauke da sunan mai aikawa, mai karɓa, irin kaya, nauyi da lambar kwantena. Amurka tana barin a ga bayanan kayan da suka shigo mata ta ruwa, kuma shafin ImportYeti yana nuna su kyauta, kodayake kamfani na iya neman a ɓoye sunansa. Panjiva da ImportGenius sun fi faɗi amma da kuɗi; idan ba ka da shi, ka nemi haɗin gwiwa da gidan jaridar da ke da rajista. Chana ba ta sakin irin waɗannan bayanai da sunan kamfani, saboda haka a labarin jaki sai ka zagayo ta wannan gefen: wakilan fito a tashoshin ruwa na Apapa, Tin Can ko Onne, direbobi, ma'aikatan sito, da sanarwar kamen kwastan. Ɗanyar fata tana cikin jerin kayan da Najeriya ta hana fitarwa, kuma kwastan sun sha baje kolin fatun jaki da suka kama. A Satumban 2022 ma sun nuna buhuna 16 na al'aurar jakuna da aka kama a filin jirgin saman Legas a hanyar Hong Kong. Kowane kame yana da fayil, wani lokaci har da shari'a a kotu, kuma takardun kotu sun fi kowace majiya tsayawa da ƙafarsu. Dokar 'yancin samun bayanai ta 2011 ta ba hukumar gwamnatin tarayya kwana 7 ta amsa maka idan ka rubuta mata wasiƙar neman bayani. Sau da yawa ba za su amsa ba, amma ka ajiye kwafin wasiƙarka mai hatimin karɓa, shirun ma yana shiga fim.

Lambar kwantena harufa huɗu ce da lambobi bakwai, a rubuce ɓaro-ɓaro a ƙofarta. Idan ka ga ana loda kaya, wannan lambar ta fi fuskar kowa muhimmanci. Ka ɗauke ta tsaf, ka sa ta a shafin kamfanin jirgin, za ka ga jirgin da ta hau da tashar da za ta sauka, sannan ka bi jirgin a MarineTraffic ko VesselFinder. Ka ɗauki hoton shafin nan take, domin bayanan ba sa daɗewa.

Sunan kamfani kuma ka bincike shi a shafin CAC, hukumar rajistar kamfanoni ta Najeriya, ko OpenCorporates da Aleph na ƙungiyar 'yan jaridar bincike ta OCCRP idan na waje ne. Duk shafin kamfani da ka ga alkawari a ciki, ka adana shi a Wayback Machine, mai ajiye kwafin shafukan intanet, kafin su ji motsinka. Manyan kamfanonin Turai da Amurka dokoki sun tilasta musu wallafa bayani kan inda suke samo kaya, irin dokar Birtaniya ta 2015 kan bautar zamani da dokar Faransa ta 2017. Abin da suka rubuta da hannunsu shi ne ma'aunin da za ka auna su da shi.

4. Ka je ba kyamara

Zuwan farko gaisuwa ce. Ka fara da mai unguwa ko dagaci, a kasuwa kuma sarkin kasuwa da shugaban dillalai. Ka faɗi sunanka, da sana'arka, da abin da ya kawo ka. Wanda ya shiga kara ya ɗaga kyamara ba sallama, kafin ya zagaya sau ɗaya labari ya gama kasuwa cewa kwastan sun turo ɗan leƙen asiri, kuma daga ranar ba mai ƙara buɗe baki.

Ka zauna, ka sha shayi, ka saurara. Dillali ba zai gaya maka wa yake tara wa jakuna ba, amma zai yi ƙorafin wanda ya riƙe masa la'ada, kuma cikin ƙorafin sunaye ke fitowa. Ka lura da ƙaramin littafin da yake zarowa daga aljihun gaba, wanda gumi ya naɗe gefensa, kowane shafi da kwanan wata da adadin kai da sunan mai mota. Ranar da ya yarda ka ɗauki hoton shafi biyu, ka samu jan layi.

Kada ka biya kuɗin hira. Wanda aka biya zai faɗi abin da yake zaton kana so, kuma kamfani zai ce sayen shaida ka yi. Kuɗin mota da abinci ga wanda ya bar aikinsa ya raka ka daidai ne, ka rubuta su a littafi. Ɗan garin da ke yi maka jagora kuwa ma'aikaci ne, ku yi ciniki tun farko ka biya shi.

5. Izini, kariya da tsaro

Kafin kowace hira, ka bar kyamara tana juyawa ka yi bayani da harshen da mutumin yake ji: wane ne kai, ina za a nuna fim ɗin, kuma cewa zai iya kaiwa wayar maƙwabcinsa da ta mai gidansa. Ya amsa da bakinsa. Wannan ya fi takardar Turanci da aka dangwala wa yatsa. Yaro sai da yardar iyayensa, kuma idan abin da zai faɗa zai iya jawo masa duka ko kora, ka rufe fuskarsa ko da iyayen sun ce ba komai. Matan aure ka nemi izinin gida, kuma ya fi kyau mace ta yi hirar.

Wanda za a ɓoye, tun wajen ɗauka ake ɓoye shi. Ka ɗauki hannunsa, ko inuwarsa, ko bayansa, a ɗakin da ba nasa ba. Ka duba zobe, tsage, tabo, hula da kalandar bango. Canza murya da na'ura ba kariya ba ce, ana iya mai da ita, kuma mutanen gari da salon magana suke gane mutum. Ka sa wani ya karanta kalamansa, ka gaya wa mai kallo haka aka yi.

Kyamarar ɓoye da na'urar bin sawu makamai ne na ƙarshe. Ƙungiyar Basel Action Network ta taɓa dasa na'urorin GPS a cikin tsofaffin kayan lantarki a Amurka ta bi su har ƙasashen Asiya, don haka dabarar tana aiki. Amma kada ka taɓa ta sai abin da kake nema yana da nauyi ga jama'a, babu wata hanya, kuma lauya ya ji. AirTag, ƙaramar na'urar bin sawu ta kamfanin Apple, ma tana sanar da wayar da ke tafiya tare da ita, wato direban zai iya ganowa, kuma shi za a fara tuhuma. Jirgin ɗaukar hoto marar matuƙi a Najeriya sai da izinin hukumar kula da sufurin jiragen sama (NCAA) da ofishin mai ba da shawara kan tsaro; kusa da iyaka ko tashar ruwa, ka bar shi a gida. Idan hoton sama kake so, Google Earth yana da tsofaffin hotuna da za su nuna yadda wuri ya canja cikin shekaru.

Kada ka ɗauki maganar tsaro da wasa. An harbe ɗan jaridar Ghana Ahmed Hussein-Suale a Accra a Janairun 2019, bayan an nuna fuskarsa a talabijin saboda aikin bincike. A Najeriya kuma an sha tsare 'yan jarida da sashe na 24 na dokar laifukan intanet ta 2015. Ka sa lokacin da za ka riƙa kiran gida, ku yi yarjejeniya kan wanda za a kira idan ba a ji ka ba, kuma kada ka kwana a garin da ka yi ɗauka mai zafi.

6. Ɗauka

Ka ɗauki aiki, daga farkonsa zuwa ƙarshe, ba mutane a tsaye suna kallonka ba. Kowane abu ka ɗauke shi daga nesa, daga tsakiya, sannan daf da shi, kuma kowace ɗauka ta kai daƙiƙa goma ba ka motsa ba. A sito, alal misali: ƙofa daga waje, jerin fatun da aka jibge, sannan hannu yana watsa gishiri a cikin fata, ruwan da ke tsiyaya zuwa kwata, kunnen da ya rage a jiki wanda shi ne ke nuna fatar jaki ce ba ta sa ba. A gari kuma ka bi mai dakon yashi tun asuba. Idan jakinsa ya tafi, ka nuna mangala da akumari a rataye, ka nuna wanda ke ɗaukar kayan yanzu, sau da yawa matarsa ce ko 'yarsa da tulu a ka. Wannan shi ne kuɗin da ba a rubuta ba, kuma ba sai ka ɗora masa kiɗan tausayi ba.

Hotunan hujja dabam suke da hotunan ado. Lambar mota, lambar kwantena, tambarin buhu, allon kamfani, rasiɗi: ka ɗauke su a ɗauka ɗaya marar yankewa, daga abin da ke nuna wurin zuwa kan lambar, don kada a ce haɗawa ka yi. Bayan rushewar ginin Rana Plaza a Bangladesh ranar 24 ga Afrilu 2013, inda mutum sama da 1,100 suka mutu, tambarin riguna da takardun oda da aka tsinta a ɓaraguzai suna cikin abin da ya nuna kamfanonin da ake yi wa ɗinki a wurin. Ka daidaita agogon kyamara, ka rubuta wuri da rana a littafi.

A hira, ka tambayi abin da ya faru, kada ka tambayi ra'ayi. "Baba, ranar da ka sayar da shi, wa ya zo, nawa ya taya?" ta fi "Yaya kake ji?" Idan ya yi shiru kada ka cike masa, ka jira. Kuma ka yi hira da dillali da mai fiɗa da mutunci, su ma abinci suke nema, kuma sukan faɗi abin da ke dagula labarinka, kamar cewa mai jakin da kansa ya kawo shi saboda farashi ya yi kyau. Ka bar wannan a fim. Kada ka ce wa kowa ya sake yin abu kamar yanzu yake faruwa. Idan dole sai an kwaikwaya, ka rubuta a kan hoton cewa kwaikwayo ne.

Idan zarginka ya shafi guba a ruwa ko ƙasa, kyamara ba ta gani. Ka tambayi ɗakin gwaji na jami'a yadda ake ɗiban samfur kafin ka je, ka ɗiba har da wuri mai nisa don kwatance, ka ɗauki ɗiban a bidiyo. Jini kuwa ma'aikatan lafiya kaɗai ke ɗiba. Kuma kada ka ce abu kaza ne ya jawo ciwon wane sai likita ya faɗa.

Kowane dare ka kwafe memori zuwa rumbu biyu, ɗaya ya kwana a wani wuri dabam. Kada ka goge memori sai ka buɗe kwafin ka gani da idonka.

7. Ɗaya bakin zaren

Ba sai ka je Shandong ba. Ka nemi ɗan jarida ko ɗalibi a can ya sayi kayan, ya ɗauki kwalin da rasiɗin, ku rubuta yarjejeniya kan biya da sa suna. Ƙungiyoyin aikin jarida na bincike irin CENOZO da ke Wagadugu, ko ICIR da CJID a Abuja, ko Pulitzer Center, suna haɗa irin wannan aiki kuma sukan ba da tallafi. Hoton da ka samo a intanet kada ka sa sai da izinin mai shi.

Idan zaren ya tsaya a tashar ruwa, ka faɗa a fim cewa nan ya tsaya. Fim ɗin da ya ce "mun bi kayan har kwantena mai lamba kaza, daga nan ba mu da hujja" ya fi wanda ya yi tsalle ya kama sunan babban kamfani ƙarfi.

8. Tacewa

Ka rubuta duk hirarrakin kalma da kalma tare da lokacinsu. Aiki ne mai gajiyarwa, amma da shi za ka tsara fim a takarda kafin ka taɓa kwamfuta. Tsarin da ya fi sauƙin bi shi ne tafiyar kayan da kanta, da taswira mai sauƙi da farashi yana hawa a kowane zango. Lambobi kada su wuce ɗaya a lokaci guda. Minti 20 zuwa 30 ya isa fim na farko.

Sannan ka yi jadawali: kowace jimla ta mai sharhi a hagu, hujjarta a dama. Jimlar da damanta ya zama fanko, ka cire ta ko ka sassauta ta. Akwai bambanci tsakanin "kamfanin ya saya daga mai siton" da "kamfanin ya san yadda aka samo kayan", kuma a kan irin wannan bambanci ake shari'ar ɓata suna. Hoto ma yana yin zargi: idan ka sa allon wani shago daidai lokacin da ake maganar jakunan sata, ka zarge shi ko ba ka ambaci sunansa ba. Fassarar da ke ƙasan hoto ka ba wani mai jin harsunan biyu ya duba, domin "an ce" da "na gani" sukan rikiɗe su zama abu ɗaya a hannun mai gaggawa.

9. Ka ba waɗanda ka zarga damar magana

Duk wanda aka ambata, mutum ko kamfani ko hukuma, ka rubuta masa wasiƙa. Ka jera zarge-zargen ɗaya bayan ɗaya a fili, ka ba shi lokaci, mako biyu ya yi ga kamfanin waje, ka ajiye shaidar aikawa. Kada ka tura masa fim ɗin, kada kuma ka rubuta abin da zai nuna masa majiyarka. Kafin wasiƙar ta tafi, ka tabbata ka gama duk ɗauka kuma ka sanar da majiyoyinka, domin daga ranar ƙofofi za su rufe, a fara neman wanda ya yi magana. Amsar da ta zo ka sa ta da adalci. Idan ta nuna ka yi kuskure, ka gyara, ka gode wa Allah da ya sa ta zo kafin fim ya fita. Bayan nan ne lauya zai kalla daga farko har ƙarshe, da jadawalin hujjoji a gabansa.

10. Fitarwa

Ka nemi gidan jarida ko tashar da za ku fitar tare, saboda kariya da kuma yawan masu kallo. Idan za a nuna a sinima ko taron jama'a, ka bincika ƙa'idar hukumar tace fina-finai ta ƙasa da ta jiharku, musamman a Kano. Ka yanka gajerun ɓangarori na minti ɗaya zuwa biyu don WhatsApp, Facebook da TikTok, kowanne da tambarinka da kwanan wata a jiki, don idan aka yanke shi aka canja masa ma'ana a san asalinsa. Ka fitar da sautin kaɗai ka ba gidajen rediyo, domin mutanen da abin ya shafa rediyo suka fi ji. Ka yi fassarar Turanci da Faransanci, kuma a labarin jaki ka nemi ta harshen Chana, tunda can masu sayen suke.

Waɗanda suka ba ka lokacinsu su ji ranar fitowa daga bakinka, kuma ka riƙa kiransu a makonnin da suka biyo baya ka ji ko wani ya taka su. Ɗanyun hotuna, littafinka, wasiƙu da jadawalin hujjoji ka kulle su a wuri biyu ka ajiye shekaru, saboda sammaci yakan zo bayan kowa ya manta da fim ɗin, kuma alƙali ainihin fayil zai nema da kwanan watansa, ba wanda aka tace ba.